Shagon Chavez

A bayan shagon Kawu, a Sabon Garin Zariya, akwai wani ɗan ɗaki da ba ya ɗaukar mutum takwas sai an matsu. A nan yake tara gwangwanayen giris da kayan injin da ya kwance bai mayar ba, a nan kuma ya ɗora wata 'yar talabijin bisa akwatin ƙarfe, da bidiyo mai cin kaset a ƙarƙashinta. Kawu ya daɗe yana aikin fita a reluwe, da ya yi ritaya sai ya buɗe shagon gyaran janareto da injin ban-ruwa. Ni kuwa an kawo ni hannunsa ina ɗan sakandare, in je makaranta da safe, da yamma in zauna ina wanke sifanu da kananzir. A wannan ɗaki na fara ganin Jose Luis Castillo, ɗan damben boksin na ƙasar Meksiko, kuma har gobe idan ƙamshin giris da kananzir ya bugi hancina, fuskarsa nake gani, kumburarriya, yana matsowa gaba.

Kasetocin daga Kaduna suke zuwa. Wani abokin Kawu ne mai kwandon tauraron ɗan'adam a rufin gidansa yake kwana zaune yana naɗa, domin lokacin da ake dambe a Las Vegas daren Asabar, mu nan an kusa kiran assalatun Lahadi. Idan ya naɗa sai ya ba direban motar haya. Wani zubin kwana uku kaset ya iso, wani zubin sai ya yi mako biyu a hanya. Saboda haka Kawu ya kafa doka a shagon: duk wanda ya ji sakamako a rediyo ya kama bakinsa, in kuwa ya faɗa, to ranar kallo a waje zai tsaya.

Asalin Kawu ɗan gidan dambe ne. Abokansa mahauta ne, kaset ɗin Ɗan Anace ba ya rabuwa da rediyonsa, kuma ya san wa ya kashe wa a fagage da dama tun kafin a haife ni. Amma damben Turawa ma ya shiga ransa tun yana saurayi. Yakan ce ranar da ya fara jin akwai wata ƙasa wai ita Meksiko, ita ce ranar da aka ba da labari a 1958 cewa Hogan Bassey namu ya buge wani ɗan can, Ricardo Moreno, a turmi na uku a birnin Los Angeles. Daga nan ya riƙa lura da mutanen ƙasar, har ya yanke hukuncin cewa a duk masu sa safar dambe, su suka fi kama da 'yan damben gargajiya: ba su san ja da baya ba, kuma ba sa jin kunyar a ga jini a fuskarsu.

Bai taɓa kiran Castillo da sunansa ba. Shagon Chavez yake ce masa, kamar yadda ake kiran yaron da ya taso a gindin wani babban ɗan dambe da shagon wane. Kuma sunan ya dace, don Castillo ya shafe shekaru yana yi wa Julio Cesar Chavez aikin abokin gwaji. Wannan aiki ne da ba a ganinsa a talabijin. Idan gwani zai yi babban wasa, sai a ɗauko matasa masu ƙashi su riƙa shiga dandali da shi kullum a wurin atisaye, yana gwada hannunsa a jikinsu, a biya su ɗan abin da ya samu. Chavez kuwa a lokacin shi ne sarkin dambe a Meksiko, mutumin da ya ci wasa 87 a jere kafin a taɓa yin canjaras da shi, wanda mutum sama da dubu 130 suka cika filin Azteca don kallonsa a 1993. An san shi da dukan kwiɓi da hannun hagu, dukan da ke sa ƙafafun ƙato su mutu. A jikin Castillo ake wasa wannan hannu, kuma a nan ya koyi nasa.

Daga baya, da na fara sayen tsofaffin mujallun dambe a wurin masu baza littattafai a bakin titi, na kawo wa Kawu wani labari da ya ƙara ɗaure shi da mutumin. An haifi Castillo a watan Disamba na 1973 a wani gari mai suna Empalme, a jihar Sonora, kuma ma'anar sunan garin da harshen Sifaniyanci ita ce mahaɗa, domin layin dogo ne ya kafa shi. Chavez ma ɗan ma'aikacin jirgin ƙasa ne, har iyalinsu sun taɓa zama a cikin wani tsohon tarago. Kawu ya ajiye sifanar da ke hannunsa, ya dube ni ya ce, "Ashe 'ya'yan gida ne. Shi ya sa." Bai ƙara komai ba, ni ma ban tambaye shi shi ya sa me ba, don na gane.

Castillo ya fara dambe don kuɗi a 1990, yana da shekara 16. Shekara goma ya yi yana yawo a ƙananan fagage na ƙasarsu, kuma kafin duniya ta san shi an riga an tsayar da shi sau huɗu: Cesar Soto ya yi masa, Javier Jauregui ya yi masa har sau biyu, sai Julio Alvarez. Fatar girarsa ce ke cin amanarsa, tana saurin tsagewa, jini ya rufe ido, alƙalin wasa ya ɗaga hannu. Mutum mai irin wannan tarihi ba a sa masa ran kambun duniya. Da aka haɗa shi da Stevie Johnston a watan Yuni na 2000, a Kalifoniya, don kambun WBC na ajin marasa nauyi, kowa ya ɗauka an kawo wa zakara abin motsa jini ne. Sai ga shi ya bi Johnston turmi 12 yana dukan ciki har ya raba shi da kambun. Bayan wata uku suka sake haɗuwa a Denver, garin Johnston, aka sanar cewa ɗan gida ya ci, ya saɓa bel ɗinsa ya wuce ɗakin canza kaya. Can aka gano an yi kuskure wajen haɗa lissafin maki, ashe canjaras ne. Aka mayar wa Castillo kayansa.

Kaset na farko da na gani da idona shi ne na ranar 20 ga Afrilu, 2002. Floyd Mayweather ya hauro daga ajin da ke ƙasa, wasa 27 ba a taɓa cin sa ba, matashi mai sauri kamar walƙiya. A turmin farko-farko ya yi ta zagaye Castillo yana tsikarinsa da hagu, har wani mahauci maƙwabcinmu, wanda ba ya fashin kallo, ya ce wannan ai wasan kura da ɗan akuya ne. Kawu ya ce masa, "Sarkin fawa, yi haƙuri, ka dubi ƙafafunsa." Na dubi ƙafafun. Castillo ba bin Mayweather yake yi a baya ba, tare masa hanya yake, taku ɗaya gefe, taku ɗaya gaba, har fili ya ƙare wa mai gudu ya ji igiya a bayansa. Da zarar ya ji igiya sai dukan haƙarƙari ya fara sauka. Daga tsakiyar wasan zuwa ƙarshe haka aka yi ta yi. An cire wa Castillo maki ɗaya a turmi na 8 don ya yi duka bayan an ce a rabu, an cire wa Mayweather ɗaya a na 10 don ya sa gwiwar hannu. Masu ƙirga naushi da kwamfuta suka ce Castillo ya saukar da 203, Mayweather 157. Mai ba da maki na tashar HBO, Harold Lederman, ya ba Castillo 115 da 111. Alƙalai uku na hukuma kuwa duk Mayweather suka ba: 116 da 111, 115 da 111, 115 da 111.

Ɗakin ya yi tsit. Kawu ya tashi ya kashe bidiyon da kansa, abin da ba ya yi, don aikina ne. A gidan dambe babu wani mai riƙe da takarda da biro, ko dai an yi kisa ko a tashi babu kisa, kuma a ganinsa mafi munin abin da za a yi wa Castillo ran nan shi ne a ce babu kisa. Na sake kallon wasan nan ya fi sau goma tun daga lokacin, da idon babba, kuma na yarda Mayweather ya ci turmin farko guda uku ko huɗu, na kuma yarda da abin da ya faɗa cewa ya shiga da ciwon kafaɗa. Duk da haka ban sauya ra'ayi ba. Castillo ya ci, ko da da ƙyar ne, kuma ratar da alƙalan suka rubuta ba ta yi kama da abin da ya faru a dandali ba. Mayweather ya yi ritaya da wasa 50 babu faɗuwa, amma duk inda masana dambe suka zauna aka tambayi wa ya fi kusa da karya wannan lissafi, sunan Shagon Chavez ne ke fara fitowa. Da suka sake a watan Disamba na shekarar, Mayweather ya ƙi tsayawa a igiya, ya ci da gaskiyarsa, Kawu ma bai yi musu ba.

Da Mayweather ya bar ajin, Castillo ya sake ɗaukar kambun a hannun babu kowa bayan ya doke Juan Lazcano a watan Yuni na 2004. Ya kare shi a gaban Joel Casamayor ɗan Kyuba a Disamba, ya tsayar da Julio Diaz a Maris na 2005. Wata biyu kacal bayan wannan ya shiga wasan da ya sa nake wannan rubutu.

Ranar 7 ga Mayu, 2005, a otal ɗin Mandalay Bay. Diego Corrales, Ba'amurke, dogo siriri, mai riƙe da kambun WBO da ya ƙwace a hannun Acelino Freitas na Brazil. Da tsawonsa, hankali zai ce ya tsaya nesa ya yi ta miƙa hannu. Sai ya zaɓi ya haɗa goshi da Castillo. Tun daga ƙararrawar farko mutanen nan biyu suka tsaya a wuri ɗaya kamar masu sussuka a turmi guda, wannan ya sauke, wancan ya sauke. Ba na tuna alƙalin wasa, Tony Weeks, ya sha wahalar raba su, don ba sa rungumar juna. Girar Castillo ta hagu ta tsage tun a turmi na 4. Idon Corrales na hagu ya kumbura har ya kusa rufewa. A ɗakinmu an daina hira, shayin da aka zuba wa Sarkin fawa ya huce a gabansa bai taɓa ba. Mu takwas ne, zufa na zuba, janareton da wani ya kawo gyara ne ke ba mu wuta.

Da shiga turmi na 10, ba a yi rabin minti ba, hagun Castillo ta sami haɓar Corrales, ya zube. Kawu ya miƙe tsaye. Corrales ya tashi a ƙirga na takwas, robar da ke kare haƙoransa tana ƙasa, aka kai shi kusurwa aka mayar masa. Suka koma, Castillo ya sake kwantar da shi. Wannan karon Corrales ya ciro robar ya yar, ya tashi a ƙirga na tara, Weeks ya cire masa maki ɗaya, aka sake kai shi wurin mai horar da shi, Joe Goossen, aka wanke robar aka sa masa. Daƙiƙoƙin nan da aka ɓata su ne suka dawo masa da hankalinsa. Castillo ya taho ya ƙarasa aiki, hannunsa a sake, sai damar Corrales ta tare shi. Ya yi baya zuwa igiya, duka ya yi ta sauka, hannayensa suka saki, kansa ya langaɓe, Weeks ya shiga tsakani a minti 2 da daƙiƙa 6. Bai faɗi ba. A tsaye aka tsayar da shi.

Sarkin fawa ya yi kabbara, ya ce bai taɓa ganin zuciya irin ta dogon nan ba, kuma gaskiya ya faɗa. Kawu kuwa ya koma ya zauna a hankali, ya ce, "A fagenmu, wanda hannunsa ya taɓa ƙasa an kashe shi. Wannan sau biyu aka kashe shi, aka ba shi ruwa, aka ce ya dawo." Sun yi wata guda suna wannan gardama a bakin shago. Ni a lokacin bayan Kawu nake ba tare da tunani ba. Yanzu ina ganin dokar boksin ta ba Corrales damar tashi, ya kuma biya kuɗin dabararsa da maki ɗaya, sai dai maki ɗaya ya yi araha ƙwarai a kan abin da ya saya da shi. Amma ba na iya jin haushinsa. Mutumin da aka kayar sau biyu, ido ɗaya a rufe, ya tashi ya yi abin da ya yi, ya wuce a ji haushinsa. An zaɓi wasan a matsayin na ɗaya a shekarar, wasu ma suna cewa ba a yi kamarsa ba a wannan ƙarni, alhali mutum wajen dubu biyar ne kawai suka gan shi a zauren.

Abin da ya biyo baya shi ne ya fi yi mini ciwo, don a nan gwanina ya yi laifi. Iyakar ajin marasa nauyi laba 135 ce, wato kilo 61 da ɗan ɗoriya, kuma ana hawa sikeli kwana ɗaya kafin wasa. Castillo mai babban jiki ne, ya daɗe yana matse kansa, ya ƙi ci, ya ƙi sha, ya yi ta gudu cikin rigar leda har ya sauko, bayan awo kuma ya mayar da laba goma ko fiye kafin ya hau dandali. Jiki yana jure wannan a shekara 25, amma a 31 sai ya fara ƙi. Da aka zo wasan ramuwa a watan Oktoba na 2005, sikeli ya nuna 138 da rabi. Aka cire kambu daga maganar, aka yi wasan haka nan, ya kwantar da Corrales da hagu ɗaya a turmi na 4. Kaset ɗin ya iso mana cikin azumi, bayan asham muka kalla. Na yi tsalle, na juyo in ga murnar Kawu, sai na tarar fuskarsa a ɗaure. Ya ce, "Ɗan nan, zauna. Wancan ya yi ƙishirwa ya cika alkawari, wannan bai cika ba. Kai da ka wuni da azumi yau ka san abin da laba uku ta ruwa take nufi." Ban taɓa jin ya soki Shagon Chavez ba sai ran nan.

Aka sa na uku a watan Yuni na 2006, don a raba gardama. Castillo ya hau sikeli da 139 da rabi. Corrales ya ce ba zai yi ba, kuma babu mai ganin laifinsa. Hukumar wasanni ta jihar Nevada ta ci Castillo tarar dala 250,000, ta dakatar da shi har ƙarshen shekara. Ba a sake haɗa su ba. Ranar 7 ga Mayu, 2007, shekara biyu cif da wancan dare, Corrales ya rasu a haɗarin babur a Las Vegas, yana da shekara 29. A rediyo muka ji, kuma wannan karon babu wanda ya tuna da dokar kama baki. Sarkin fawa ya zo shago da sassafe ya tsaya a ƙofa, shi da Kawu suka yi shiru kamar an yi musu rasuwa a unguwa.

Castillo ya hau aji na gaba. Ya sha da ƙyar a hannun Herman Ngoudjo, haifaffen Kamaru, a farkon 2007. A watan Yuni Ricky Hatton na Ingila ya sa masa hagu a kwiɓi a turmi na 4, irin dukan da shi kansa ya gina sunansa a kai. Castillo ya juya, ya durƙusa a gwiwa ɗaya, ya kasa tashi har aka ƙirga goma. Shekara 17 yana dambe, ran nan ne karon farko da aka kai shi ƙasa. Kawu ya ce abin da ya rage masa shi ne ya ajiye safa ya koma gida. Bai ajiye ba. Mun gan shi a 2010, a daren da Joshua Clottey na Gana ya kara da Manny Pacquiao a Texas, yana cikin wasannin share fage, ya kasa fitowa daga kusurwarsa a gaban Alfonso Gomez. Wannan shi ne kaset na ƙarshe da muka kalla tare, don a daminar shekarar da ta biyo baya Allah Ya yi wa Kawu rasuwa.

Wasansa na ƙarshe a waya na gan shi, ni kaɗai, a ɗakin haya a Kano. A Mosko aka yi, a watan Nuwamba na 2014, da Ruslan Provodnikov, Castillo yana da shekara 40. Ƙafafun nan da Kawu ya nuna mini suna ƙoƙarin tare hanya, amma sun yi nauyi. A turmi na 5 aka tsayar. Ya bar dambe da nasara 66, 57 daga ciki kisa ne, faɗuwa 13, canjaras ɗaya.

Da aka raba kayan shago, babu wanda ya nemi kasetocin. Damshi ya ci yawancinsu. Na ɗauki guda ɗaya, wanda Kawu ya rubuta wa suna da ajami a jikin takardar gefe, da biro ja, da tabon giris na babban yatsansa a kusurwa. Ba ni da bidiyon da zai karanta shi, kuma wasan yana nan a YouTube ga duk mai so. A shekarunsa na ƙarshe, idan Kawu ya sa wannan kaset, yakan bari har turmi na 10, har Corrales ya faɗi karo na biyu, sai ya ce in tsayar. Ya ɗan dubi hoton da ya daskare, Castillo na tafiya kusurwa, Weeks na ƙirga, sannan ya jawo butarsa ya ce, "An yi kisa. Mu je masallaci."